Kwana Huɗu

Ɗaki ɗaya ne, mai ƙofar langa-langa,
bayan tsohuwar tashar jirgi a Ƙauran Namoda.
Da kuɗin sallamata daga Reluwe na gina shi,
ni na ɗebo jar ƙasar, ni na kwaɓa.
Labbo mai gyaran rediyo ya tare da tabarma da akwatin wayoyi.
Shekara shida bai saɓa ba,
ta bakwai ya ce sana'a ta kwanta,
duniya ta koma sauraron wayar hannu.

Na kai ƙara. Alƙalin ƙasa bai ja zance ba:
wata guda, ya kwashe komatsansa.
A hanyar gida na tsaya na sayi sabon kwado.

Ana saura kwana ɗaya sai ga ɗan saƙon kotu a babur,
takarda biyu a hannunsa.
Ta farko ta ce an ɗaukaka ƙara,
ta biyu ta ce a dakatar da zartarwa,
kowa ya tsaya inda rana ta same shi.
Na mai da kwado aljihu.

Sai an haɗa kundin shari'a, in ji Sahabi magatakarda,
kuma babu wuta, kuma injin ba mai.
Damina ta wuce kafin shafi arba'in da uku su cika.
Abin da na faɗa da zafin zuciya
ya fito a layi, ya huce kamar tuwon jiya,
sunan mahaifina ma an ci masa harafi.

A Gusau, a kotun sama, ba a kiran shaida.
Ba mai tambayar wa ke bin wa.
Takarda ke tuhumar takarda,
mu masu abin muna benci na baya kamar 'yan rakiya.
An ɗage, lauya ba lafiya.
An ɗage, kundi bai hauro ba.
An ɗage, kotu ta tafi hutu.
Na sayar da tunkiya, na bi ta da ɗanta.

Motar asuba ɗaya ce,
mu huɗu a baya, gwiwata na gugar tasa,
kowa ya ba taga ido.
Ran nan yaron mota ya cafke masa riga, kuɗinsa bai kai ba.
Na cika masa.
Na ce, ba don kai ba, don kada a ɗage saboda rashinka.
Ya ce, na sani.
Da muka sauka ya raba goronsa biyu.

Shari'a mace ce da ciki, an daɗe da faɗa.
Tamu ta kai wata goma sha tara ta haihu.
Aka karanta da Turanci, lauya ya juya mini a baranda:
wa'adin da na ba shi tun farko, da hannuna na rubuta,
ya gaza da kwana huɗu.
An soke hukunci. A koma ƙasa, a faro daga bisimilla.
Bashin fa? Ya ce wannan ba ya gabansu.

Kwana huɗu.
Na ƙirga su a yatsu, babban yatsa ya rasa abin yi.

Mun iso da magariba, hadari ya haɗo daga gabas.
Na same shi a gindin bango yana duban tsagar da ta buɗe.
Ya hau rufi da guduma, ni na riƙe tsani,
gini nawa, barci nasa, ruwa kuwa ba ya karanta sammaci.
Da ya sauko na ga ƙofar da igiya yake ɗaure ta.
Na laluba aljihu, na miƙa masa kwadon.

Makulli biyu ne. Na riƙe ɗaya.
Gobe zan sake rubuta wa'adi,
in ƙirga kwanakin da carbi, in ƙara huɗu.